Kalmar "solvable" a Ingilishi da Faransanci da Matsalar Fassara ta da Hausa: Misali daga Yankin Birnin Ƙonni

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce bayyana ma'anonin kalmar Ingilishi "solvable", da bambancin da ke tsakaninta da takwararta ta Faransanci wadda ake rubutawa da baƙaƙe da wasula iri ɗaya, sa'an nan a nuna hanyar da nahawun Hausa ya tanada don fassara kowace. An zaɓi yankin Birnin Ƙonni, watau gundumomin Ƙonni da Malbaza da Illela na jihar Tawa, saboda wurin mahaɗa ce ta harsunan uku. Ƴan kilomitoci ne kawai suka raba Birnin Ƙonni da garin Illela na jihar Sakkwato a Nijeriya, kuma ɗan kasuwa guda yakan riƙe takardar banki da Faransanci a aljihu ɗaya, rasidin kaya da Ingilishi a ɗayan, alhali cinikin da Hausa aka ƙulla shi.

Tun da aka buɗe makarantar gwaji ta farko mai koyarwa da Hausa a Damagaram cikin 1973, samar da kalmomin fannu ya zama babban aiki ga masu tsara yaƙi da jahilci. Nauyin ya ƙaru a 2025, lokacin da sabon kundin tsarin ƙasa ya mai da Hausa harshen ƙasa, ya ajiye Ingilishi da Faransanci a matsayin harsunan aiki. Mai fassara a Nijar zai riƙa ɗebo rubutu daga harsunan nan biyu, don haka tilas ya san wuraren da suka yi kama a ido amma suka saɓa a ma'ana.

2.0 Asalin kalmar da ma'anoninta

2.1 Tushen kalmar aikatau ne na Latin, "solvere", wanda ma'anarsa ta farko ita ce kwance abin da aka ɗaure. Daga nan ma'anoni uku suka tsiro: kwance ƙullin matsala, da narkar da abu cikin ruwa, da kwance igiyar bashi daga wuya, watau biya. Wannan siffantawa ba baƙuwa ba ce ga Bahaushe. Aikatau "warware" yana aiki ga zare da igiya, yana kuma aiki ga matsala da rikici. Haka ma Larabci yake amfani da "halla" ga kwance ƙulli da kuma warware mas'ala.

2.2 A Ingilishin yau, "solvable" sifa ce ta abin da za a iya samo masa amsa ko mafita: tambayar lissafi, ko rikici, ko wata matsala ta zaman jama'a. A ƙarni na 17 an yi amfani da ita da ma'anar mai iya biyan bashi, amma wannan ma'ana ta mutu, kalmar "solvent" ta gaje ta. Akwai kuma "soluble", wadda aka fi sani da ma'anar mai narkewa, ko da yake takan ɗauki ma'anar "solvable" jefi-jefi.

2.3 Faransanci ya bi wata hanya dabam. A cikinsa "solvable" tana nufin mutum ko kamfani mai dukiyar da za ta isa biyan abin da ake bin sa, kuma ba ta da wata ma'ana bayan wannan. Matsalar da ake iya samo wa amsa kuwa, "soluble" ko "résoluble" ake ce mata. Ke nan kalmar Ingilishi tana siffanta abu, ta Faransanci tana siffanta mutum. A wannan bambanci ne duk sauran bayanin wannan takarda ya dogara.

3.0 Ma'anar Ingilishi: aikatau aji na bakwai

3.1 A 1960 F. W. Parsons ya kasa aikatau na Hausa aji bakwai bisa wasalin ƙarshe da karin sauti. Ƴan aji na bakwai suna ƙarewa da wasalin -u, gaɓar ƙarshe tana da karin sama, na gabanta suna da karin ƙasa: gyaru, dafu, ɗauru, warwaru. Abin lura game da wannan aji shi ne, abin da aikin ya faɗa wa shi ke zama a gurbin aikau, ba a kuma ambaton wanda ya yi aikin. A shuɗaɗɗen lokaci yana nuna cewa aikin ya kammalu sarai. A lokaci mai ci kuwa, inda aikatau ke ɗaukar ɗafa-ƙeya -wa, yana nuna cewa aikin mai yiwuwa ne. Dubi waɗannan misalai:

(1) Famfon ya gyaru.
(2) Famfon yana gyaruwa.
(3) Famfon ba ya gyaruwa.

Jimla ta (1) labari ce na aikin da aka gama. Ta (2) da ta (3) hukunci ne a kan halin famfon kansa, ko da babu makanikin da ya taɓa shi. Wannan ma'ana ta biyu ita ce daidai abin da ɗafa-ƙeya "-able" ke yi a Ingilishi. Saboda haka Hausa ba ta bukatar aron kalma a nan: "mai warwaruwa" ta wadatar, kishiyarta kuma "marar warwaruwa" ko "wadda ba ta warwaruwa".

3.2 Ga masu rubuta littattafan lissafi akwai bambanci uku da ya wajaba a kiyaye:

(4) Tambayar warwararriya ce.
(5) Tambayar ba ta warwaru ba.
(6) Tambayar ba ta warwaruwa.

Ta (4) an riga an samo amsarta. Ta (5) an gwada ba a dace ba tukuna, amma ƙofa a buɗe take. Ta (6) babu amsa ko kaɗan, kamar a ce wa ɗalibi ya nemo lambar da idan aka ninka ta da sifiri za ta ba da 5. Masana lissafi suna ɗaukar wannan bambanci da muhimmanci ƙwarai. A 1824 Abel, masanin lissafi ɗan ƙasar Norwe, ya tabbatar da cewa lissafin aljabara mai daraja ta biyar ba shi da wata ƙa'idar warwarewa ta bai-ɗaya irin wadda aka sani ga daraja ta biyu zuwa ta huɗu. Kafin hujjarsa, abin da za a iya faɗi shi ne jimla ta (5). Bayanta sai aka koma jimla ta (6). Malamin da ya haɗe su wuri guda zai koya wa ɗalibi cewa duk abin da ya gagare shi yau ya gagari kowa har abada.

3.3 Ba kowace matsala ce ake warwarewa ba a bakin Bahaushe. Rikicin manoma da makiyaya a kan burtali sasanta shi ake yi, don haka "mai sasantuwa" ya fi dacewa da shi. Ƙarancin ruwa a fadamun noman rani na Ƙonni, waɗanda madatsun ruwa na kwarin Majiya ke shayarwa, magance shi ake yi, sai a ce "mai magantuwa". Ƙa'idar dai ɗaya ce: a nemi aikatau da aka saba haɗawa da sunan, a mai da shi aji na bakwai. Ma'anar narkewa kuwa ba ta bukatar wannan aji, domin "narke" ba ya ɗaukar karɓau tun asali: "takin zamani mai narkewa a ruwa".

4.0 Ma'anar Faransanci: halin biya

4.1 Bashin noma tsohon al'amari ne a wannan yanki. An kafa ƙungiyar UNCC mai kula da rance da haɗin gwiwar manoma a 1962, aka kafa ofishin ONAHA mai kula da filayen ban-ruwa a 1978, kuma manoman waɗannan filaye suna biyan kuɗin ruwa da na gyaran magudanai ta hannun ƙungiyoyinsu bayan girbi. Sakatarorin ƙungiyoyin na cikin mutanen da azuzuwan yaƙi da jahilci suka fi nufa, su ne kuma za su karanta wa ƴan'uwansu sharuɗɗan rance. A irin waɗannan takardu ne "solvable" da "solvabilité" na Faransanci suke fitowa.

4.2 Mai fassarar da ya koyi ƙa'idar sashe na 3 zai iya zamewa ya rubuta "manomi mai biyuwa". Wannan kuskure ne na nahawu. Tun da aji na bakwai yana ɗora abin da aikin ya faɗa wa a gurbin aikau, "manomi mai biyuwa" na nufin manomin da ake iya biya, ba wanda zai iya biya ba. Bashi ne ke biyuwa. Mutum kuwa sai a ce "mai halin biya" ko "mai ƙarfin biya", sunan kuma "halin biya".

4.3 Ko a kan bashin ma akwai harshen damo. Aikatau "bi" da aikatau "biya" duka suna ba da "biyu" a aji na bakwai, da karin sauti iri ɗaya, kamar yadda ake ji a "hanyar ba ta biyuwa da damina". Tun da Hausa tana da "bin bashi" tana kuma da "biyan bashi", jimlar "bashin ba ya biyuwa" tana iya nufin mai bashi ba zai iya karɓo shi ba, tana kuma iya nufin wanda ake bi ba zai iya sauke shi ba. Daɗin daɗawa, a rubutun yau da kullum da ba ya nuna karin sauti, "ya biyu" ya yi kama da lambar 2. A hira, mahallin magana yakan raba gardama. A takardar yarjejeniya kuwa gara a faɗi abin a fili: "bashin da ba za a iya karɓowa ba" ko "bashin da ya fi ƙarfin wanda ake bi".

4.4 Halin biya ya bambanta da abubuwa biyu da ake yawan gwama shi da su. Na farko shi ne tsabar kuɗi a hannu. A ɗauka cewa wani manomin albasa a Galmi ya ci rancen jika 200, ya girbe, ya zuba albasarsa a rudu yana jiran ta yi tsada. Ranar da wa'adi ya cika ba shi da ko dala a aljihu, amma abin da ke cikin rudun ya ninka bashin. Wannan mutum yana da halin biya. Tsaba ce ba shi da ita. A kan wannan bambanci aka gina tsarin jinginar da amfanin gona a sito don karɓar rance, wanda ya yaɗu a Nijar tun daga ƙarshen shekarun 1990. Na biyu shi ne niyyar biya. Hausa tana da "taurin bashi" ga mai hali da ya ƙi biya, da "mai cika alkawari" ga wanda ba ya saɓa wa'adi. Kalmar Faransanci ba ta auna ɗabi'a, dukiya kawai take aunawa.

4.5 Kishiyar kalmar, watau "insolvable", ita ta fi bukatar hattara, domin sunan da aka laƙaba wa mutum a gaban taron ƙungiya yakan bi shi har gida. "Matsiyaci" zagi ne, "matalauci" kuma ya yi faɗi, tun da babban ɗan kasuwa ma bashi kan fi ƙarfin dukiyarsa. Ƴan kasuwa suna cewa "ya karye" ko "jarinsa ya karye", malaman fiƙihu kuma sun san "muflisi" da "mu'usiri", aya ta 280 ta Suratul Baƙara ma ta yi umarni a jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci. Don rubutun hukuma, "marar halin biya" ya fi tsabta, domin yana bayyana matsayin dukiya ba tare da taɓa mutunci ba.

5.0 Shawarwari ga masu tsara kalmomi

(a) Kada a ari kalmar da siffarta ta Turai. Wanda ya yi karatu a Sakkwato da wanda ya yi a Tawa za su ba ta ma'ana biyu, kowa kuma yana da gaskiya a harshen da ya koya.

(b) A kowane jerin kalmomin fannu a nuna harshen da aka ɗauko kalma daga gare shi, a kuma ba ta shiga biyu: ta Ingilishi a ƙarƙashin lissafi da sha'anin jama'a, ta Faransanci a ƙarƙashin rance da banki.

(c) Kafin fassara a tambaya: mene ne kalmar ke siffantawa? In abu ne, a yi amfani da aji na bakwai. In mutum ne ko kamfani, a yi amfani da "halin biya".

(d) A shigar da bambancin "bai yiwu ba" da "ba ya yiwuwa" cikin darussan horar da malaman yaƙi da jahilci, domin a kansa sauran misalan suka ginu.

(e) A gwada kowace kalma a gaban manoma da ƴan kasuwa na Ƙonni da Malbaza da Illela kafin a buga ta, a kuma tuntuɓi cibiyoyin nazarin Hausa na Kano da Sakkwato, kamar yadda aka haɗu a Yamai cikin 1980 don daidaita ƙa'idojin rubutu.

6.0 Kammalawa

An nuna cewa "solvable" kalmomi biyu ne masu tushe ɗaya, kuma Hausa tana da hanyar faɗin kowace ba tare da aro ba: "mai warwaruwa" da ƴan'uwanta ga ma'anar Ingilishi, "mai halin biya" ga ta Faransanci. Irin wannan nazari ya kamata a yi wa sauran kalmomin da suka yi kama a harsunan biyu, irin su "actual" da "actuel", ko "library" da "librairie", kafin su shiga littattafan makaranta da takardun ƙungiyoyin manoma.