Tsohon Rauni, Sabon Ciwo: Labarin da Katin Asibiti Yake Ajiyewa

Ya kai mai karatu, in ka taɓa tsayawa a bakin hanya a Gurugu da sassafe, ka san keke shi ne jakin Tamale. Uba ya ɗora ɗansa a baya zai kai shi makaranta. Yarinya ta goya ƙanwarta, ga buhun masara a tsakaninsu. Wani ya ɗauko tsohuwarsa za su kasuwar Aboabo. Mai tuƙi yana ganin ramin da ke gabansa, hannunsa yana kan birki. Wanda aka goya kuwa ba ya ganin komai sai bayan mai tuƙi, ƙafafunsa suna lilo kusa da wayoyin taya. In aka faɗi, ba shi da lokacin shiri.

Wannan ɗan littafi a kan wanda aka goya yake magana, da kuma abin da faɗuwar takan bari a jikinsa bayan kowa ya manta da ita.

A ce yaro mai shekara biyar ne. Yayansa ya goya shi, diddigensa ya shige cikin wayoyin taya, fata ta saɓule, idon sawu ya kumbura. Aka wanke, aka ɗaure, aka kai shi wurin maɗori. Bayan wata ɗaya yana gudu da 'yan uwansa, gida ya yi godiya ga Allah. Shekara uku ta wuce. Yanzu yaron yana ɗingishi, takalminsa na hagu yana cinyewa ta gefe guda, da yamma yana kukan ciwon gwiwa. Uwarsa ta kawo shi asibiti ta ce, "Likita, ƙafa ce take damunsa." Ba ta ambaci keke ba, domin a ganinta wannan magana ta wuce.

Ba ta wuce ba. A ƙarshen dogayen ƙasusuwan yaro akwai wuri mai taushi inda ƙashi yake ƙara tsawo. In rauni ya taɓa wurin, ƙafar takan girma a karkace, ko ta kasa kamo ɗayar. Tabon da ya yi tauri a bayan diddige yakan hana sawu lanƙwasa. Karayar da ta ɗoru ba daidai ba takan ɗora wa gwiwa da ƙugu nauyin da ba nasu ba. Raunin da ya kai ga ƙashi yakan bar ƙwayoyin cuta a ciki, gyambo ya riƙa rufewa yana buɗewa, yana fitar da mugunya shekara da shekaru. Wanda kuma ya bugu a kai har ya suma, yana iya fara farfaɗiya bayan watanni ko shekaru. A gida sai a ce iska ce ta shafe shi, alhali tabo ne a ƙwaƙwalwa, kuma akwai maganin da yake tsayar da faɗuwar.

Likita yakan iya ganin ɗingishi da idonsa. Amma bai ga ranar da aka faɗi ba. Kai ne kake riƙe da wannan rabin labarin.

To, me muke yi da labarin in ka ba mu? Ka taɓa lura da wasu haruffa da lambobi da ake rubutawa a katinka ko a takardar inshorar lafiya? Ba kuɗi ba ne, ba kuma lambar layi ba ce. Sunan ciwonka ne a taƙaice. Akwai wani babban kundi da ya ba kowace cuta da kowane rauni lamba tasa. Asalinsa jerin dalilan mutuwa ne da wani Bafaranshe, Jacques Bertillon, ya tsara a 1893. Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi kula da shi a 1948. Bugu na goma, wanda ake kira ICD-10, an amince da shi a 1990, kuma lambobinsa ne ake sawa a takardun inshorar lafiya a nan Ghana. Bugu na goma sha ɗaya ya fara aiki a 2022, ƙasashe suna komawa gare shi sannu a hankali.

A cikin ICD-10, mai keke yana da nasa sashe, daga V10 zuwa V19. In keke ya yi karo da mutum ko dabba, V10 ke nan. In da babur ne, V12. In da ƙaramar mota ne, V13. In faɗuwa aka yi ba tare da karo ba, V18. Sai a sa ɗigo a ƙara lamba ɗaya. A kan hanya, 4 tana nufin mai tuƙi, 5 tana nufin wanda aka goya. Saboda haka V18.5 tana faɗin jimla guda: an goya shi a keke, a kan hanya, suka faɗi ba tare da sun yi karo da kowa ba. Likitan Tamale da na Kano da na Landan duk za su karanta ta, su fahimci abu ɗaya.

Wannan lambar ta ranar hatsari ce. Abin da rauni ya bari yana da nasa lambobi dabam, daga T90 zuwa T98. T90 na kai ne, T91 na wuya da gangar jiki, T92 na hannu, T93 na ƙafa. Kundin ya ce a lissafa matsala a cikinsu in likita ya tabbatar cewa tsohon rauni ne ya haifar da ita, ko in tana nan shekara ɗaya ko fiye bayan raunin. Ga yaronmu, za a fara rubuta abin da yake damunsa yau, misali M84.0, wato karayar da ta ɗoru a karkace. Sai T93, domin a nuna tsohon raunin ƙafa ne tushenta. Sai Y85, wadda take nuna cewa hatsarin abin hawa ne mafari. A Amurka sukan riƙe lambar keken, su liƙa mata harafin S a ƙarshe. A wurinmu kuwa Y85 ba ta bambanta mai tuƙi da wanda aka goya. Wannan bayani a katin farko kaɗai yake zaune. Shi ya sa tsohon kati yake da daraja.

Kana iya cewa, ina ruwan manomi da lambobi? Ruwanka uku ne. Na farko, magani. Likitan da ya ga T93 zai nemi hoton ƙashi, ya auna tsawon ƙafafun biyu, maimakon ya ba da maganin ciwon jiki ya sallame ka. Na biyu, kuɗi. Tun da aka kafa inshorar lafiya ta ƙasa a 2003, asibiti yana aika takarda ne a biya shi, kuma in sunan ciwo da aikin da aka yi ba su dace da juna ba, takardar takan dawo. Na uku, ƙidaya. Alƙaluman da asibitoci suke tarawa su ne suke kaiwa ga ofishin lafiya na Sagnarigu har zuwa Accra. Yaron da aka rubuta masa "ciwon ƙafa" kawai ya ɓace a lissafi, ba wanda zai san keke ne ya jawo.

Saboda haka in za ka zo, ka zo da amsar tambayoyi huɗu. Yaushe aka yi hatsarin? In ba ka tuna shekarar ba, ka ce damina nawa ke nan, ko wace salla ce, ko wace Kirsimeti. Kai ne mai tuƙi, ko goya ka aka yi? Da me aka yi karo? Wane magani aka yi, a ina? Kada ka ji kunyar cewa an je wurin maɗori. Ba faɗa za mu yi maka ba, sani muke nema. Ka kawo tsohon kati, da hoton ƙashi ko da ya yi ƙura, da katin inshora mai aiki. In ya ƙare, ana sabunta shi ta waya da *929#.

Tsohon rauni ba ya nufin an makara. Gashin ƙashi yana sassauta gaɓar da ta sage, kuma inshora tana biyansa. Takalmi mai tudu yana daidaita tafiya. Akwai cibiyar mishan a Nsawam da take yin irin waɗannan takalma da ƙafafun roba tun 1961, sai dai su inshora ba ta ɗauke kuɗinsu ba. Abin da ya fi ƙarfinmu mukan tura shi Asibitin Koyarwa na Tamale, da wasiƙa mai ɗauke da lambobin nan.

Rigakafi kuma ya fi magani. Ka sa wa keke matakin ƙafa a baya, ka rufe wayoyin taya da katako ko roba mai kauri, ka sa wa yaro takalmi mai rufe diddige. Kada ka goya biyu a wurin mutum ɗaya.

Shugabannin ikkilisiya da malamai, ku duba cikin jama'arku. Yaron da yake zuwa a ƙarshe yana jan ƙafa, ku tambayi iyayensa a hankali ko ya taɓa faɗuwa daga keke. In sun ce e, ku raka su asibiti. Allah ya ba mu lafiya, ya kiyaye mu a kan hanya. Amin.