Basaraken da Ya Ajiye Gado Don Ya Riƙi Mulki

A cikin watan Oktoba na shekarar 1963 aka yi wani al'amari a Birtaniya wanda masana tarihin ƙasar ba su daina muhawara a kansa ba, domin mutumin da Sarauniya Elizabeth ta kira ta danƙa wa ragamar gwamnati, wato Alec Douglas-Home, sai da ya sauke sarautar da kakanninsa suka riƙe tun ƙarni na goma sha bakwai kafin kujerar ta zauna masa. Shi ne na goma sha huɗu a silsilar masu sarautar gidan Home, waɗanda mazauninsu yake Hirsel, kusa da garin Coldstream, a kan iyakar Sikotilan da Ingila.

An haife shi a Landan a 1903, ya yi karatu a Eton da Oksfod kamar sauran 'ya'yan manya, inda ya fi shahara a filin wasan kurket fiye da zauren darasi. Ya shiga Majalisar Wakilai a 1931 a ƙarƙashin jam'iyyar masu ra'ayin riƙau, ya zama na hannun daman firayim minista Neville Chamberlain, har ya raka shi Munich a 1938, tafiyar da aka sallama wa Hitila wani yanki na Cekosulobakiya bisa zaton za a tsira daga yaƙi, alhali kuwa jinkiri kawai aka saya. Wannan tabo ya bi shi har tsufansa. Sa'an nan a 1940 Allah ya jarrabe shi da tarin fuka a ƙashin baya, aka yi masa aiki, ya kwanta rigingine cikin filasta kusan shekara biyu, kuma a cikin wannan jinya ne ya duƙufa ga karatun littattafan 'yan gurguzu, abin da ya gina masa matsanancin rashin yarda da Tarayyar Sobiyet, wanda ya bayyana a fili a 1971 sa'ad da ya kori jami'anta 105 daga Birtaniya bisa zargin leƙen asiri.

Mas'alar sarautar kuwa ga yadda take. Majalisar ƙasar gida biyu ce, ta wakilai waɗanda jama'a ke zaɓa, da ta iyayen ƙasa waɗanda akasarinsu a wancan zamani gado ne ya kai su, kuma dattawan Arewa da suka ga Majalisar Sarakuna a Kaduna ba za su rasa gane inda aka ɗauko fasalinta ba. A lokacin, duk wanda ya gaji sarauta, to, ƙofar Majalisar Wakilai ta rufu gare shi ko yana so ko ba ya so. Haka ta faru ga Home a 1951 da mahaifinsa ya rasu. Daga can ya riƙe ma'aikatar ƙasashen renon Ingila a 1955, da ta harkokin waje a 1960, amma shugabancin gwamnati ya zama kamar haramtacce gare shi, tun da yake rabon da a ga firayim minista daga cikin iyayen ƙasa tun saukar Salisbury a 1902, kuma wannan hujja aka kafa wa wani basarake, Curzon, a 1923 aka hana shi kujerar.

Abin mamaki, wanda ya buɗe masa hanya abokin hamayya ne, Tony Benn na jam'iyyar Leba, wanda ya yi shekaru yana fafutukar a yarje masa ya ƙi sarautar da ya gada, har aka kafa doka a 1963 da ta halatta hakan. Ba a fi 'yan watanni ba firayim minista Harold Macmillan ya kwanta rashin lafiya ya yi murabus. A lokacin jam'iyyar masu ra'ayin riƙau ba ta da ƙa'idar zaɓen shugaba, sai dai manya su yi shawara a asirce su ce ijma'i ya tabbata a kan wane. Macmillan kuwa, daga gadon asibiti, ya ba Sarauniya shawarar ta kira Home, aka tsallake Rab Butler wanda mutane da yawa suke ganin shi ya fi cancanta. Ministoci biyu, Iain Macleod da Enoch Powell, suka ƙi yi masa mubaya'a. Home ya ajiye sarauta ranar 23 ga Oktoba, ya ci zaɓen cike gurbi a Kinross ranar 7 ga Nuwamba, wanda ke nufin ya yi mako biyu yana mulkin ƙasa ba tare da kujera a ko wace majalisa ba.

Harold Wilson, madugun 'yan adawa, ya mai da nasabarsa abin ba'a, yana cewa ba daidai ba ne a zamanin kimiyya a ce basarake na goma sha huɗu ke jan ƙasa. Shi kuwa ya amsa cikin murmushi cewa in an bincika, shi ma Wilson ai shi ne Wilson na goma sha huɗu a gidansu. Amsar ta yi armashi, sai dai ba ta goge maganar da ya taɓa yi da bakinsa ba, cewa da tsinkayen ashana yake lissafin tattalin arziki, kuma talabijin ba ta karɓi fuskarsa ba. Duk da haka, a zaɓen Oktoba na 1964 Leba da rinjayen kujera huɗu kacal ta kayar da shi, bayan kwana 363 a kan mulki.

A ganina aikinsa mafi nauyi ya zo ne bayan faɗuwar. Shi da shawarar asiri ta ɗora, shi ne ya shimfiɗa ƙa'idar da ta wajabta 'yan majalisar jam'iyyar su zaɓi shugabansu da ƙuri'a, sa'an nan ya sauka a 1965, aka zaɓi Edward Heath, ɗan kafinta, kuma bai ga ƙasƙanci ba a yin aiki ƙarƙashinsa a matsayin ministan harkokin waje daga 1970 zuwa 1974. Yunƙurinsa na sulhu da Ian Smith, shugaban gwamnatin fararen fata, a kan Rodeshiya ya rushe a 1972 da baƙaƙen fatar ƙasar suka ƙi amincewa, kuma suna da hujja. A 1974 aka mai da shi majalisar iyayen ƙasa da sarautar da ba a gadonta, ya rasu a Hirsel a 1995 yana da shekara 92.