Lu'ulu'un Na Gona: Darasi Daga Wasan Minecraft Ga Matasan Ƙanƙara, Faskari Da Sabuwa

Masu iya magana na cewa kwaɗayi mabuɗin wahala, kuma babu inda wannan karin magana ya fi tabbata a 'yan shekarun nan kamar yankin da ya haɗa kudancin Jihar Katsina da Zamfara da Birnin Gwari, inda labarin wani da ya tsinci ɗan zinari kan sa samari da yawa su jingine garma su ɗauki diga. A wannan mako ina so in ja hankalin mai karatu zuwa wani wuri da ba a saba neman darasi a cikinsa ba, wato wasan kwamfuta da ake kira Minecraft, wanda yaranmu ke bugawa a wayoyinsu, mu kuma manya muke yi masa kallon shiririta. Na zauna na nazarci ƙa'idojinsa, na kuma ga cewa hanyar da gwanayensa ke bi su mallaki abu mafi tsada a cikinsa ta ƙunshi amsar tambayar da ke gaban matasan Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa: a rami arziki yake, ko a gona?

Da farko bari in gabatar da wasan ga wanda bai san shi ba. Wani ɗan ƙasar Suwidin mai suna Markus Persson ne ya fito da shi a 2009, cikakkensa ya fita a 2011, sannan kamfanin Microsoft ya sayi kamfanin Mojang da ke yin sa a 2014 kan dala biliyan 2.5. Zuwa 2023 an sayar da kwafinsa fiye da miliyan 300. Duniyar wasan gaba ɗaya tubala ce: ƙasa, dutse, itace da ruwa, kowanne ɗan murabba'i ne da za a iya cirewa a kai wani wuri. Ɗan wasa kan fara da hannu biyu kawai. Sai ya sari itace ya yi diga, da digar itace ya fasa dutse, da ta dutse ya haƙo ƙarfe, kuma sai ya ƙera digar ƙarfe kafin ya iya ciro lu'ulu'u, wanda wasu ke kira daiman. Idan ya yi gaggawa ya fasa shi da digar dutse, to ya yi asara, domin zai farfashe ne bai ba shi komai ba.

Da lu'ulu'u ake ƙera kayan aiki masu ƙarko da sulken da ke kare mutum daga miyagun halittun dare. Diga na cin guda 3, cikakken sulke kuwa daga kwalkwali zuwa takalmi na cin guda 24. Shi ya sa sabon shiga ba ya da buri sai nemansa, kuma yadda yake nemansa ba ya rasa kama da abin da muka sani: ya faɗa kowane kogo, ya haƙa duk inda zuciyarsa ta raya masa, yana fatan sa'a. Ƙarshen irin wannan yawanci shi ne ya rufta cikin narkakken dutse, ya ƙone tare da duk abin da ya tara.

Gwani ba haka yake yi ba. Abu na farko, ya san inda abin yake kafin ya sari ƙasa. Tun daga sabuntawar da aka yi wa wasan a ƙarshen 2021, ƙasar ta ƙara zurfi har zuwa mataki na 64 ƙasa da sifiri, kuma lu'ulu'u ya fi yawa a wajen mataki na 58 zuwa 59 ƙasa da sifiri. Can yake sauka ta hanyar matakala, domin dokar farko da kowane yaro ya haddace ita ce kada ka haƙa abin da ke ƙarƙashin ƙafarka kai tsaye. Abu na biyu, yana haƙa da tsari: doguwar hanya ɗaya, sai rassa dama da hagu, tsakanin reshe da reshe a bar tubala biyu, ta yadda babu bangon da ido bai gani ba, kuma ba a ɓata ƙarfi wajen fasa abin da ba ya buƙatar fasawa. Abu na uku, ba ya shiga sai da guzuri: fitilu, abinci, da bokitin ruwa na kashe wuta. Abu na huɗu, ba ya gaggawar cire abin da ya gano. Yakan jira har ya inganta digarsa da wani siddabaru da ke sa tubali ɗaya ya ba da har guda 4 maimakon 1. Ilimi, awo, kariya da haƙuri ke nan.

To amma ba wannan ne ya fi ba ni sha'awa ba. Duk ƙwarewar mai haƙa, ma'adinin da ya cire ba ya sake tsirowa. Gobe sai ya ƙara nisa, ya ƙara kasada. Don haka manyan 'yan wasa sukan haƙa kaɗan ne a farko, sannan su koma ƙauye. A cikin wasan akwai ƙauyuka da mazaunansu, kowa da sana'arsa, kuma tun 2019 aka tsara cinikinsu da kyau. Kuɗin da ake ciniki da su shi ne zumurrudu. Manomin ƙauyen zai ba ka zumurrudu 1 idan ka kai masa alkama 20, ko karas 22, ko dankalin Turawa 26. Idan ciniki ya yi nisa a tsakaninku zai karɓi kabewa 6 ko kankana 4. Maƙeran ƙauyen kuma, yayin da kake hulɗa da su suna hawa mataki-mataki har biyar, daga ɗan koyo zuwa sarkin sana'a, sai su fara sayar maka da gatari da diga da takobi da sulke na lu'ulu'u, ƙerarru, ba tare da ka leƙa rami ba.

Bari mu yi lissafi tare, mai karatu. Tubalin ruwa guda yana jiƙa ƙasa taku huɗu ta kowace fuska, saboda haka fili mai tara sau tara yana ɗaukar shuka 80. Girbi ɗaya na alkama zumurrudu 4 ke nan. Digar lu'ulu'u a hannun babban maƙeri tana kaiwa zumurrudu 18 zuwa 32. Ko da mafi tsadar ce, girbi takwas na fili ɗaya ya biya, ko girbi ɗaya na filaye takwas. Kuma idan ta lalace, gonar na nan, maƙerin na nan. Har wani abin lura: idan ka dame su da kaya iri ɗaya, farashi yakan karye, mai saye kuma yakan ce ya ƙoshi sai an jima. Dole ɗan wasa ya rarraba shuka, ya kuma san lokacin sayarwa. Duk wanda ya taɓa kai masara kasuwar Dandume ana tsakiyar kaka ya san wannan karatun ba a waya ba.

Yanzu mu ajiye waya mu dubi ƙasarmu ta gaske. A 2010 aka gano cewa gubar dalma ta kashe yara aƙalla 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum na Jihar Zamfara, saboda ana kawo duwatsun zinari cikin gida ana daka su ana niƙa su a inda yara ke rarrafe. Sai da ƙungiyar likitoci ta MSF ta shigo, aka kankare ƙasar ƙauyuka irin su Dareta da Yargalma, Bagega kuwa sai a 2013. A Afirilun 2019 Gwamnatin Tarayya ta hana haƙar ma'adinai a Zamfara bisa zargin alaƙarsa da ta'addancin 'yan bindiga, ba a ɗage ba sai a Disambar 2024. A Nuwambar 2021 rami ya rufta da masu neman zinari a yankin Dan Isa na Jihar Maradi, maƙwabciyarmu, aƙalla mutum 18 suka rasu. Duk da haka kiran ramin bai daina ba, musamman da farashin zinari ya haura dala 4,000 kan kowane oza a Oktoban 2025. Faskari na iyaka da Zamfara, Sabuwa na iyaka da Birnin Gwari. Hanyar ramin ba ta da nisa daga ƙofar gida.

Tambayata ita ce: cikin abubuwa huɗun nan da yaro ɗan shekara goma sha biyu ya sani a wasa, wanne saurayinmu ke ɗauka zuwa rami? Ba shi da taswira, sai jita-jita. Ba shi da awo, sai inda na gabansa ya sara. Ba shi da kariya ga kansa ko huhunsa. Haƙuri kuwa yunwar gida ba ta bar masa ba, don haka abin da ya samu a nan take yake sayar wa dillali yadda dillalin ya ga dama. Bambanci mafi girma shi ne, a wasa idan ka mutu sai ka farka a kan gadonka ka sake farawa.

Alhali kuwa wannan yanki shi ne rumbun Jihar Katsina. Masara, dawa, waken suya da auduga da ke cika kasuwannin Funtuwa da Dandume da Sheme daga irin waɗannan gonaki suke fitowa. Ita kanta Ƙanƙara tana zaune a kan farar ƙasa wadda masana'antun fenti da tangaran da magunguna ke buƙata, amma an daɗe ana loda ta ɗanya a motoci, ribar sarrafawa kuma tana tafiya wani wuri.

Na san abin da mai karatu na Faskari zai ce, kuma yana da gaskiya: wace gona? Wadda sai an biya haraji ga ɗan bindiga kafin a shuka, a sake biya kafin a girbe? Ba mu manta da daren 11 ga Disambar 2020 ba, lokacin da aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Ƙanƙara. Ba mu manta da Satumbar 2021 ba, lokacin da aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13, ciki har da waɗannan uku, aka kuma rufe wasu kasuwanni. Sannan ga kukan manoma a 2025 na faɗuwar farashin hatsi alhali taki na nan da tsadarsa. A wasa fili kyauta ne, babu kuɗin taki, babu bashin ɗan kasuwa.

Sai dai ko a nan wasan bai yi shiru ba. Su ma ƙauyukansa mahara na kai musu farmaki, kuma idan aka kashe manomi da maƙeri, duk cinikin da aka gina ya rushe. Saboda haka ɗan wasan da ya san abin da yake yi, kafin ya shuka ƙwaya ɗaya, sai ya zagaye ƙauyen da katanga, ya haskaka lunguna, ya tanadi masu gadi. Ya gane cewa dukiyarsa ta farko mutanen ƙauyen ne. Idan yaro ya gane wannan, me zai hana masu tsara mana kasafi su gane? Rundunar tsaron al'umma da Gwamna Dikko Umaru Raɗɗa ya ƙaddamar a Oktoban 2023, da zaman sulhun da wasu ƙananan hukumomi suka yi a 2025, ma'auninsu ɗaya ne a wurina: hekta nawa da aka bari ta koma hannun mai ita, kuma ya girbe bai biya kowa ba?

Shawarata uku ce. Ga hukuma: a tsare gona da hanyar kasuwa, a samar da rumbunan ajiya domin kada manomi ya zubar da guminsa a kaka, kuma inda za a yi haƙa, a yi shi da lasisi da taswira da ƙungiya, a hana kai duwatsu cikin gidaje. Ga malaman makaranta: tun 2016 akwai nau'in wannan wasa da aka yi domin aji, amma ko babu kwamfuta, lissafin fili da girbi da farashi da na kawo a sama allo da alli sun ishe shi. Ga iyaye: a ƙayyade wa yaro lokaci, domin wasa ba zai maye gurbin karatu da aikin gida ba, amma kafin a ƙwace wayar a tambaye shi yadda yake samun lu'ulu'unsa. Idan ya ce a gona, to a kama hannunsa a nuna masa ta gaske.

Allah Ya dawo mana da zaman lafiya, Ya albarkaci damina, Ya sa matasanmu su ci gumin goshinsu suna raye.