TAKARDUN MOTARMU SUN ƁATA: YADDA MUKA SAKE SAMUN WASU DA ABIN DA NA KOYA



Ni ɗan Garaku ne, hedikwatar ƙaramar hukumar Kokona a jihar Nasarawa, kan hanyar Keffi zuwa Akwanga. Mahaifina fataken shanu ne. Tun da na gama sakandare nake bin shi kara, kuma ni nake riƙe masa duk abin da ya shafi takarda, saboda shi karatun allo ya yi. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wani abu da ya same mu, wanda na san zai iya samun duk mai mota ko mai Keke ko mai mashin a cikinku.

Muna da wata Kanta da muke ɗaukar raguna da awaki da ita, shanu kuwa tirela muke yi musu haya. Ana saura 'yan makonni Babbar Sallah direbanmu ya sauke kaya a kudu, ya kwana a tasha. Da gari ya waye babu jakarsa. A cikin jakar nan akwai fatikular motar gaba ɗaya, kuma na asali, ba fotokofi ba. A hanyar dawowa aka tsayar da shi a wani shinge, aka ce ya kawo takardu, babu. Motar ta kwana biyu a wajen kafin aka yi ta kiran waya da roƙo aka sake ta. Da ya iso gida Baba bai yi masa faɗa ba, cewa kawai ya yi, "Motar nan ba za ta sake hawa titi ba sai da takarda." Ga lokacin ciniki ya zo, ga mota a ajiye, kowace ranar kasuwa hayar motar wani muke yi.

Da farko dai, mene ne fatikula?

Da yawanmu muna cewa "takardun mota" kamar abu ɗaya ne. Ba ɗaya ba ne, kuma ba wuri ɗaya ke bayar da su ba. Wannan shi ne abu na farko da na gane.

Akwai takardar shaidar mallaka, wadda ke nuna sunan mai mota da lambar shasi da lambar inji. Ita ce uwa. Akwai lasisin mota da ake sabuntawa duk shekara. Waɗannan biyun ofishin lasisin motoci ne ke bayar da su, wanda a jiharmu yake ƙarƙashin hukumar tara kuɗin shiga ta jiha. Akwai takardar lafiyar mota ta 'yan VIO. Akwai inshora, daga kamfanin inshora. Sai takardar kwastan, wadda ke nuna an biya harajin shigo da motar ƙasa. Motar haya ko ta ɗaukar kaya kuma tana da ƙarin izininta.

To ka ga idan jaka ɗaya ta ɓata, ƙofa huɗu ko biyar za ka ƙwanƙwasa.

Kotu da ofishin 'yan sanda

Kafin ka je ofishin lasisi sai ka riƙe takardu biyu a hannunka. Ta farko takardar rantsuwa ce daga kotu, wadda ake kira afidabit. A cikinta za ka faɗi sunanka, da lambar motar, da lambar shasi, da ranar da takardun suka ɓata da yadda suka ɓata, ka sa hannu a gaban jami'in rantsuwa, a buga hatimi. Ta biyu rahoton 'yan sanda ne, wato su shigar da maganar a littafinsu su ba ka takardar shaida. Mu a Keffi muka yi ta kotun.

Kada ka raina waɗannan takardu biyu. Wanda ya tsinci takardunka ko ya sace su zai iya ɗora su kan motar sata. Ranar da abin ya fashe, takardar da ke nuna ka kai rahoto tun ranar kaza ita ce za ta wanke ka. Sannan kada ka yi ƙarya a ciki. Wani ya ba mu shawara mu ce gobara ce ta cinye su wai ya fi sauƙi. Baba ya ce a'a, rantsuwa ce, kuma rantsuwar ƙarya a kotu laifi ne da ake hukunta mutum a kai.

Lambar shasi fa? Idan ba ka da ita a rubuce, tana jikin motar. Haruffa da lambobi ne guda 17 a yawancin motoci, za ka gan su ta ƙasan gilashin gaba ɓangaren direba, ko jikin ƙofa, ko a kan ƙarfen shasin kansa. Bakanike zai nuna maka. Ka kwafe ta a nitse, don harafi ɗaya in ya kuskure kwamfuta ba za ta gano motarka ba.

Inda aka yi wa mota lamba, can za ka koma

Wannan ya fi shafar ku mazauna kudu. Haruffa uku na farkon lambar mota suna nuna ƙaramar hukumar da aka yi mata rajista. GRU na Garaku ne, KEF na Keffi, LFA na Lafiya, AKW na Akwanga. Idan kana zaune a Legas amma motarka lambar Nasarawa ko ta Kano ce da ita, fayil ɗinka yana jihar da ta ba ka lambar, kuma su ne za su sake buga maka shaidar mallaka. Haka in lambar Legas ko Oyo ce ka kawo ta gida, can kudun za ka koma. Kafin ka kashe kuɗin mota, ka shiga shafin intanet na hukumar kiyaye haɗurra ta FRSC na tantance lambar mota, ka rubuta lambarka ka ga ko tana cikin rajista. In ba ta fito ba, to da ma can akwai matsala tun wajen wanda ya yi maka lambar.

Inda muka maƙale

Na isa ofishin lasisi da takardar kotu da ta 'yan sanda da katin NIN na Baba da hotunansa, ina ganin an gama. Ma'aikacin ya buga lambar a kwamfuta, ya ɗago ya tambaye ni sunan mai motar. Na faɗi sunan Baba. Ya juyo min da fuskar kwamfutar, sai ga sunan wani daban. Sunan mutumin da ya sayar mana da ita shekaru shida da suka wuce.

Ashe tun da aka sayi motar ba a taɓa canza suna ba. Duk shekara direba yana kai kuɗi a sabunta lasisi da sunan tsohon mai ita, mu kuma ba mu taɓa dubawa ba. Ma'aikacin ya ce min, "Samari, a wajenmu motar nan ba ta babanka ba ce. In na buga maka takarda yau, gobe wani ya zo da irin labarinka a kan motar babanka, shi ma in buga masa?" Wallahi ban da amsa, don gaskiya ya faɗa.

Mu a kara an saba ciniki da baki. Dillali yana tsaye, a tafa, a ce Allah ya sa albarka, shi ke nan saniya ta zama taka. Mota ba haka take ba. Hukuma ba ta san dillali ba, ba ta san shaidun baki ba, sunan da ke cikin rajista ta sani.

Allah ya taimake mu, Inna ta ajiye takardar cinikin a ƙasan akwatinta, da sa hannun mai sayarwa da na shaidu biyu. Mutumin kuma yana raye, sai dai ya koma Lafiya. Baba ya kira shi, ya zo da katin shaidarsa ba tare da wata gardama ba, aka yi takardar canjin mallaka, aka shigar da sunan Baba, sannan aka buga sababbin takardu. Na yi ta tunani a hanyar gida: da mutumin nan ya rasu fa? Da sai mun nemi magadansa da takardun gado. Da kuma mai son zuciya ne, ya ce motarsa ce ya ba mu aro?

Sauran takardun

Inshora ba ta ba mu wahala ba, don kamfani yana da bayananka, zai sake buga maka. Amma ka tabbatar ta gaske ce. Ka danna *565*11# a wayarka ka sa lambar motar, zai nuna maka ko tana cikin rajistar kamfanonin inshora. Tun 1 ga Janairun 2023 hukumar NAICOM ta mayar da mafi ƙarancin inshorar ƙaramar mota ta gida naira 15,000 daga naira 5,000, motocin kaya kuma sun fi haka. Duk wanda ya ce zai yi maka a dubu uku, takardar banza zai ba ka. Daga 1 ga Fabrairun 2025 kuma 'yan sanda suka fara matsa lamba a kanta a faɗin ƙasa.

Takardar VIO sai ka kai motar da kanta a duba ta. Ta kwastan ita ce mai nisan zango, don bayananta suna ofishin kwastan na inda motar ta shigo, kuma za a nemi lambar shasi. Mu mun yi sa'a, tsohon mai motar yana da fotokofinta. Ku kuma sani cewa daga watan Yulin 2023 an shigo da sabunta shaidar mallaka duk shekara a kan naira 1,000, jihar Legas ce ta fara sanar da aiwatarwa.

Maganar ejan

A bakin irin waɗannan ofisoshi za ka tarar da masu cewa "Alhaji kawo in yi maka yanzu-yanzu." Akwai na kirki a cikinsu, ban musa ba. Amma takardar bogi ma kyau gare ta a ido, sai ranar da aka buga lambarta a shinge ka ji kunya. Ka shiga ciki da ƙafarka, ka biya ta banki ko ta hanyar da ofis ya nuna maka, ka karɓi rasit. Kuɗin ya danganta da jiha da girman mota, don haka ka tambaya a kan teburi, ba a bakin ƙofa ba.

Mako uku muka yi kafin Kantar ta koma hanya, mun rasa mafi daɗin cinikin Sallah. Yanzu takardun asali na mallaka da na kwastan da na ciniki suna gida a cikin leda a akwatin Inna. Direba yana tafiya da waɗanda ake tambaya a hanya da fotokofin sauran, ni kuma na ɗauki hoton kowace na tura wa kaina da ƙanina ta WhatsApp.

Ɗan uwa, yau in ka koma masauki ka ciro takardun motarka ko na Kekenka ka duba sunan da ke jiki. In ba naka ba ne, ka nemi wanda ya sayar maka tun yana da rai kuma kuna shiri.

Allah ya tsare mana dukiyarmu, ya kai matafiya gida lafiya. Amin.