Yadda Gwamnatin Amurka Ta Tallafi Ƙungiyoyin Gama Kai Na Ajiya Da Lamuni A Rikicin Kuɗi Na 2008

Lokacin da rikicin kuɗi ya ɓarke a Amurka cikin shekarar 2008, hankalin duniya ya karkata ne ga manyan bankuna, musamman bayan durƙushewar bankin Lehman Brothers a ranar 15 ga watan Satumba na shekarar. Sai dai guguwar ta kuma shafi ƙungiyoyin gama kai na ajiya da ba da lamuni, waɗanda yawansu ya kusa 8,000, suna riƙe da ajiyar mutane kusan miliyan 90. Matakan da hukumomi suka ɗauka don hana su rushewa sun ɗauki kusan shekara tara kafin a kammala su.

Waɗannan ƙungiyoyi sun yi kama da ƙungiyoyin gama kai da ma'aikata da 'yan kasuwa ke kafawa a Nijeriya. Masu ajiya su ne masu ƙungiyar, kuma su ake ba rance daga abin da aka tara. A Amurka suna aiki bisa wata doka ta shekarar 1934, kuma tun 1970 akwai hukumar tarayya da ke sa ido a kansu, wadda aka fi sani da NCUA. Hukumar tana kula da asusun inshorar ajiya, wanda kowace ƙungiya ke zuba masa kashi ɗaya cikin ɗari na ajiyar mambobinta da ke ƙarƙashin inshora.

A wancan lokaci tsarin hawa uku ne. A ƙasa akwai ƙananan ƙungiyoyi masu hulɗa da jama'a kai tsaye. A tsakiya akwai manyan ƙungiyoyi 27 da ke zama tamkar bankuna ga ƙananan: suna karɓar rarar kuɗinsu, suna ba su rance idan buƙata ta taso, suna kuma tafiyar musu da harkar cak da aika kuɗi. A sama kuwa akwai U.S. Central da ke jihar Kansas, inda su ma manyan ke kai tasu ajiyar.

Matsalar ta samo asali ne daga hawa biyu na sama. Domin neman ƙarin riba, U.S. Central da wasu manyan ƙungiyoyi sun zuba kuɗi mai yawa wajen sayen takardun jari da suka dogara ga bashin gidaje. Bankuna kan tattara dubban basussukan da aka ba masu sayen gida, su dunƙule su, su sayar a matsayin takarda, mai takardar ya riƙa karɓar abin da masu gidajen ke biya. Kamfanonin da ke auna ingancin irin waɗannan takardu sun ba akasarinsu matsayi mafi girma. Da farashin gidaje ya faɗi, masu bashi da dama suka kasa biya, sai darajar takardun ta zube, masu saye kuma suka ƙaurace wa kasuwar.

Haɗarin a bayyane yake. Yawancin kuɗin da ƙananan ƙungiyoyi suka ajiye a sama ya zarce abin da inshora ke ɗauka. Da a ce kowace ta ruga ta kwashe nata, dole manyan su sayar da takardunsu a wulaƙance, asarar kuma ta gangaro har kan ƙananan, waɗanda akasarinsu ba su taɓa sayen irin waɗannan takardu ba.

Matakin farko shi ne kwantar da hankalin masu ajiya da samar da tsabar kuɗi. A watan Satumban 2008 Majalisar Dokokin Amurka ta ɗage iyakar rancen da asusun agajin gaggawa na ƙungiyoyin ke iya ci, daga dala miliyan 1,500 zuwa kimanin dala miliyan 41,500. A farkon Oktoba kuma aka ƙara inshorar ajiyar kowane mutum daga dala 100,000 zuwa dala 250,000. Ƙarin na wucin gadi ne da farko, amma dokar Dodd-Frank ta shekarar 2010 ta mai da shi na dindindin.

A ranar 28 ga Janairun 2009, hukumar NCUA, ƙarƙashin shugabanta na lokacin Michael Fryzel, ta zuba jarin dala miliyan 1,000 a U.S. Central, ta kuma tsaya a kan dukkan ajiyar da ƙananan ƙungiyoyi ke da ita a manyan, har da abin da ya zarce iyakar inshora. Wannan ya rage gaggawar kwashe kuɗi, amma bai maido da darajar takardun ba. A ranar 20 ga Maris hukumar ta karɓe ragamar U.S. Central, mai kadarar kimanin dala miliyan 34,000, da WesCorp ta jihar Kalifoniya, mai kimanin dala miliyan 23,000. An sauya shugabanninsu, amma ayyukan yau da kullum suka ci gaba ba tare da tsaiko ba.

Daga nan sai batun wanda zai biya asarar ya taso. Bisa tsarin da ake da shi, nauyin yana kan asusun inshora, wato kan ƙananan ƙungiyoyin da ke zuba masa kuɗi. Da an caje su duka cikin shekara guda, da da yawa daga cikinsu sun faɗa cikin asara, jarinsu ya ragu, su rage ba mambobi rance a daidai lokacin da aka fi buƙatarsa. Saboda haka a ranar 20 ga Mayun 2009 Shugaba Barack Obama ya sa hannu a kan dokar da ta kafa wani asusu na musamman na wucin gadi. Dokar ta ba hukumar ikon cin rancen da ya kai dala miliyan 6,000 daga Baitulmalin Amurka, ƙungiyoyin kuma su riƙa biya kaɗan kaɗan cikin shekaru.

Mataki mafi girma ya zo ne a ranar 24 ga Satumban 2010, lokacin Debbie Matz na shugabancin hukumar. An karɓe wasu manyan ƙungiyoyi uku, wato Members United da Southwest Corporate da Constitution Corporate, adadin ya zama biyar. Aka ware takardun da suka lalace, waɗanda darajarsu a rubuce ta kai kimanin dala miliyan 50,000, aka kafa wasu ƙungiyoyi na riƙon ƙwarya don ci gaba da ayyukan biyan kuɗi. Hukumar ba ta kai takardun kasuwa a lokacin ba. Ta jingina su ne, ta fitar da sababbin takardun lamuni da gwamnatin tarayya ta tsaya musu, ta tara kimanin dala miliyan 28,000 daga Oktoban 2010 zuwa Yunin 2011. Dalilin hakan shi ne yawancin masu gidaje suna ci gaba da biyan bashinsu, don haka abin da takardun za su kawo cikin shekaru ya fi abin da za a taya su a kasuwar da ta firgita.

A rana guda aka tsaurara dokar manyan ƙungiyoyin. An hana su sayen takardun bashin gidaje da ba na hukumomin gwamnati ba, an ƙara yawan jarin da dole su riƙe, an kuma ƙayyade abin da za su iya zubawa a fanni ɗaya.

Hukumar ta kuma bi sawun waɗanda suka sayar da takardun. Daga watan Yunin 2011 ta fara kai manyan bankuna kotu, bisa zargin cewa bayanan da suka bayar kan ingancin basussukan ba daidai ba ne. Bankin JPMorgan Chase ya amince da biyan kimanin dala miliyan 1,400 a shekarar 2013, Royal Bank of Scotland kuma dala miliyan 1,100 a 2016. Zuwa 2017 jimillar abin da aka karɓo ta wannan hanya ta haura dala miliyan 5,000.

Ƙungiyoyin kansu sun ji jiki. Sun yi asarar jarin kimanin dala miliyan 5,600 da suka zuba a manyan ƙungiyoyin da suka durƙushe, sun kuma biya kimanin dala miliyan 4,800 na karo-karon dole, wanda aka karɓi na ƙarshensa a 2013. Wasu ƙanana sun rufe, wasu suka haɗe da 'yan'uwansu, yawan manyan ƙungiyoyin kuma ya ragu zuwa ƙasa da rabin yadda yake a 2008. Duk da haka babu mai ajiyar da ya rasa ko sisi daga kuɗinsa da ke ƙarƙashin inshora.

A watan Oktoban 2016 aka biya Baitulmali ragowar bashinsa. A ranar 1 ga Oktoban 2017 aka rufe asusun na musamman, kusan shekara huɗu kafin wa'adinsa na 2021, kuma a 2018 aka mayar wa ƙungiyoyin da kimanin dala miliyan 736 daga rarar da ta saura.

Idan aka duba lissafin gaba ɗaya, abin da gwamnati ta bayar shi ne rance da tsayawa da kuma lokaci, asarar kuwa ƙungiyoyin da bankunan da suka sayar musu da takardun ne suka ɗauke ta. Hakan ya yiwu ne saboda tun kafin rikicin akwai hukuma mai ikon karɓe ƙungiyar da ta lalace, akwai kuma asusun inshora da ƙungiyoyin suka shafe shekaru suna tarawa. Ga shugabannin kowace ƙungiyar gama kai, lamarin ya nuna cewa bin diddigin inda ake ajiye rarar kuɗin mambobi yana da muhimmanci daidai da bin diddigin waɗanda ake ba rance.