Ganuwa da Waɗanda Suka Ɗauki Ƙasarta

Wanda ya taso a Kurmin Sarki ko wata unguwa ta Suleja ya san cewa yaƙi ne ya haifi garin. Bayan masu jihadi sun kori Sarkin Zazzau Muhammadu Makau daga Zariya, ƙaninsa Abu Ja ya kafa garin Abuja a 1828, ya kuma soma kewaye shi da ganuwa a shekarar da ta biyo baya. Wannan gari ne aka koma kira Suleja bayan babban birnin tarayya ya ɗauki tsohon sunan.

Sai dai idan an ce sarki ya gina ganuwa, umarni ya bayar. A ƙasar Hausa a da, bayi da talakawa ne ke haƙa ƙasa, su kwaɓa ta, su ɗauka a ka. Ramin da suka haƙa a waje shi ne gwalalo, tudun da mayaƙa ke tsayawa a ciki kuwa badala. Aikin ba ya ƙarewa, domin kowace damina sai ruwa ya zaizaye wani sashe, da rani kuma a sake kiran mutane gyara. Tarihin Kano ya adana sunan Gijimasu da ya fara ganuwar birnin da na Muhammadu Rumfa da ya faɗaɗa ta, amma bai lissafa masu kwaɓa ba.

Turai ma ta ga irin wannan, a gaɓar teku. A 1942, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, Hitila ya ba da umarnin gina jerin shingayen kankare da ramukan igwa daga Norway har iyakar Faransa da Sifen, don hana abokan gāba sauka daga teku. Hukumar gine-gine ta Todt ta tattaro dubban ɗaruruwan ma'aikata, da yawansu bisa tilas: fursunonin yaƙi, Yahudawa da mutanen ƙasashen da Jamus ta mamaye. A ɗan tsibirin Alderney kaɗai, ɗaruruwa sun mutu saboda yunwa, duka da wahalar aiki.

Duk da haka, sojojin ƙawance sun keta shingen a Normandy ranar 6 ga Yuni, 1944. Ita ma ganuwar Kano, igwar Turawan Ingila ta fasa ƙofarta cikin yini guda a Fabrairun 1903, shekara ɗaya bayan sun ci Abujar Abu Ja.