Gidan Gado: Ƙirga Magada Kafin Ka Ƙirga Kuɗi

Duk mai yawo a unguwannin Kano ko Kaduna ya saba ganin rubutun nan da jan fenti a jikin katanga: "Wannan gida ba na sayarwa ba ne." Sau da yawa gidan gado ne da ba a raba ba, kuma an ji ƙishin-ƙishin wani cikin 'ya'yan mamacin yana kai-komo da dillalai.

Mahaifi ya rasu ya bar gida da mata biyu da 'ya'ya birjik. Kunya ta hana kowa ta da zancen rabo, kada a ce yana ɗokin dukiyar tsoho. Takardu suna hannun babban wa. Ran da bashi ya sha masa kai, sai ya sallama gidan, ya ce wa mai saye, "Alhaji, ni ne babba, ƙannena duk sun amince."

Girman shekaru bai ba shi wannan iko ba. A mazhabar Malikiyya, wadda kotunan shari'ar Musulunci na Arewa ke bi, cinikin da mutum ya ƙulla a kan kason wani a rataye yake sai mai kason ya yarda. Ƙanwar da ke aure a Zariya tana da haƙƙi a kowane taku na gidan muddin ba a raba ba. Ko nasa kason kaɗai babban wan ya sayar wa bare, sauran magada suna da shufa'a: su biya baren abin da ya biya, su karɓe kason. Amma wanda yake gari, ya sani, ya yi gum har shekara ta wuce, damarsa ta tafi. Da zarar an raba an sa iyaka kuma, babu sauran shufa'a.

To mai sayen da bai san hawa ba bai san sauka ba fa? Shari'a ba ta haɗa shi da mai ƙwace ba. Risalar Ibn Abi Zaid ta fayyace cewa idan ya riga ya yi gini sannan mai haƙƙi ya bayyana, mai haƙƙin zai biya shi kimar ginin a tsaye. In ya ƙi, mai sayen ya biya kimar filin a matsayin fili. In shi ma ya ƙi, su zama abokan tarayya, kowa gwargwadon nasa. Mai ƙwace kuwa umartarsa ake yi ya tumɓuke abin da ya gina. Kuɗin cinikin kuma, wanda aka yaudara zai bi wanda ya sayar masa, kuma nan gizo ke saƙa, domin galibi an cinye su tun kafin a je gaban alƙali. Wanda kuwa ya ji ana rigima a kan gida amma araha ta ja shi, kada ya kira kansa wanda aka zalunta. Kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa.

Sa hannun mai unguwa shaida ce mai amfani, sai dai ba ta maye gurbin yardar magada. Kafin ka saya, nemi takardar rabon gado daga kotu. In ba a raba ba, kowane magaji, mace da namiji, ya sa hannu da kansa gaban shaidu. In akwai marayu ƙanana, a bi ta hannun alƙali. Idan gidan yana da takardar mallaka ta gwamnati, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta wajabta neman amincewar gwamna kafin a sauya mai shi, kuma a hukumomi irin su KANGIS a Kano da KADGIS a Kaduna ake duba sunan da ke kan fayil da ko an jinginar da gidan a banki.

Gidan da ya yi ƙanƙanta ga rabo, kima ake yi masa. A fara fitar da bashin mamaci da wasiyyarsa, wadda ba ta wuce sulusi, sannan wani magaji ya fanshi kason 'yan'uwansa, ko a sayar a raba kuɗin.